Inda Aka Binne Cibiyar Umma

Staten Island, New York
Nuwamba, 1972

Yaya Hasiya,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fatan kina lafiya, ke da Malam da yara, da aikin makaranta. Ki gaishe mini da surukata Inna Habsatu, tunda katanga ce kawai tsakaninku, kuma ke kike karanta mata duk abin da muka rubuto. Mu nan lafiya ƙalau, in ban da sanyi.

Na san waya ta riga ta iso muku cewa na sauka, mace. Sunan Inna aka sa mata, don haka Umma muke kiranta. Jego kuwa kada ma ki tambaya. Ba wanka, ba kunun kanwa, ba mai gasa mini ko tsokar nama. Wata Baturiya ce ta miƙo mini ruwa da ƙanƙara a ciki, ni da na haihu ɗazu! Mabiyiya ko ganinta ban yi ba. Da na tambaya sai suka yi mini wani irin kallo, suka ce ai an zubar. Cibiya kaɗai ta rage mini. Da ta faɗi na naɗe ta a farin ƙyalle, na sa a gwangwanin man zafi na rufe. Baban Umma ya ce in adana, ya san inda za a kai ta.

To, ga abin da ya sa na ɗauki alƙalami. Gidan da muke haya yana da ɗan fili a baya, tabarma huɗu ta cika shi. Ranar suna baƙi na zaune sai ga mota ta sauke wani abu cikin buhu a ƙofar gida. Na zaci ƙarin rago ne. Ashe bishiya ce mutumin naki ya sa aka kawo masa tun daga kudancin ƙasar nan, wai dabino ne mai jure sanyi. Yaya, ni da ke a Dutse aka haife mu, kakanninmu 'yan ɗaki ɗaya a gindin dabino suka tsufa. In wannan abin dabino ne, to ni ma Baturiya ce. Tsawonta bai wuce ƙuguna ba. Ganyen kamar mafici, jikin kuwa baƙin gashi ne buzu-buzu kamar ƙirjin tsohon bunsuru. Na ce masa yaushe za mu ci 'ya'yan? Ya ce ba a ci. Na ce to me ake yi da ita? Ya ce kallo.

Yanzu da sanyi ya kawo kai har malami ya samu, wani tsoho ɗan Italiya a maƙwabta, Mista Rokko, wanda ke naɗe ɓaurensa da tsummoki duk shekara. Su biyu suka tattare ganyen suka ɗaure, suka cusa mata busasshen ganye, suka naɗe ta da buhu da bargona na biyu, sannan suka kifa mata bokiti a ka, wai kada ruwa ya shiga zuciyarta ya daskare. Bokitin da nake jiƙa tsumman Umma a ciki fa! In na leƙa ta taga sai in ga kamar baƙon da aka manta da shi a tsakar gida.

Wannan ɓangaren kada ki karanta wa Inna.

Ƙanwarki,
Turai

*

Dutse
Janairu, 1973

Ƙanwata Turai,

Wa alaikumus salam. Barka da arziƙi, Allah ya raya Umma, ya sa mai jin ƙanku ce. Mu duka lafiya, Inna ma da sauƙi, ƙafar ce dai ke tashi in an yi sanyi.

Maganar bokiti ban karanta mata ba, amma dariya ta ci ƙarfina har ta ce me jikanyar tata ta yi. Na ce wai Turai ce take yabon sanyin Amurka. Ki yi haƙuri da mijin naki Mamuda. Tun muna yara haka yake, shi ne ya taɓa shuka rake a kan dutse yana kai masa ruwa da buta.

Inda na zo kan gwangwani kuwa, Inna sai da ta sa na maimaita. Da ta ji Mamuda ya ce ya san inda za a kai ta, ta ɗaga hannu ta ce alhamdu lillahi, ɗanta bai manta gida ba. Kin san al'adar gidansu, ko da yake ba ki zauna a cikinsa sosai ba kafin ku tafi. Duk ɗan da aka haifa, a cire ɗan dabino daga gindin uwar, a binne cibiyar yaron, a dasa a kai, a kewaye da duwatsu don kada wani ya zuba ruwan wanki ko ya ɗaure akuya a wurin. Bishiyar ta zama ta yaron har ya mutu. Ta Mamuda tana nan ta fi soro tsawo, ta ƙanensa Dikko na kusa da ita. Inna ta riga ta zaɓi ɗan dabino daga gindin babbar macen nan ta bakin rijiya, ta ɗaura masa jan zare, ta ce na takwararta ne. Ta ce ba za ta bar duniya ba sai ta dasa shi da hannunta.

Ɗakinku ma tana sa a share duk Juma'a, tunda ya ce mata shekara biyu za ku yi.

Kada ki sa gwangwanin a gidan waya, ba su da amana. Na ji Malam Zailani na ofishinsu Mamuda zai zo hutu kafin damina. Ki damƙa masa hannu da hannu.

Yayarki,
Hasiya

*

Dutse
Yuni, 1973

Turai,

Gaisuwa da fatan alheri. Lafiya dai kuke? Shirun ya yi yawa.

Malam Zailani ya zo ya koma. Ya kawo wa Inna rigar sanyi da sabulu mai ƙanshi. Ta zazzage jakar, ta lalube aljihun rigar, har sabulun ta sa na ɓare mata. Ba gwangwani. Shi kuma ya rantse ba a ba shi komai ba bayan wannan.

Tun da ta ji saukarsa Kano ta sa Dikko ya haƙa ramin a gefen dabinon Mamuda. Yanzu ga rami a buɗe, ta kifa masa tsohon faifai, ruwa ya sauka, lokacin dashe yana wucewa. Na ce mata mantuwa ce irin ta mai jego. Turai, in cibiyar ɓata ta yi ki faɗa mini gaskiya, in san yadda zan lallaɓa tsohuwa.

Hasiya

*

Staten Island
Yuli, 1973

Yaya Hasiya,

Assalamu alaikum. Muna lafiya, Umma ta fara rarrafe, haƙori biyu. Na rubuta miki tun watan Afrilu, na yayyaga, saboda abin da ke ciki bai kamata ya tsallake teku ba.

Cibiyar ba ta ɓata ba. Da ma ɓatan ta yi.

Ana gobe Malam Zailani zai tashi na buɗe akwatina, na ɗaga zannuwa, ba gwangwani. Na birkice ɗakin kaf. Baban Umma yana zaune yana kallona yana shan shayi, sai da na fara kuka sannan ya ce in zo in gani. Ya ja ni bayan gida. Ya warware wa abar nan tsummokinta, ta fito jagwab, rabin ganyen ya ƙone kamar an watsa masa tafasasshen ruwa. A gindinta kuwa ga duwatsu an jera reras, waɗanda na ga yana ta kwasowa daga bakin teku a aljihun kwat, ni kuma ina cewa sabuwar hauka ce. Yaya, tun kafin ƙasa ta daskare ya binne cibiyar 'yata a nan. Ashe inda ya ce ya san za a kai ta ke nan. Mu ne muka ji abin da muke so mu ji.

Na ce masa, "Ka san Inna na jira?"

Ya ce, "Na sani. Amma Turai, yarinyar nan a nan aka haife ta, a nan za ta yi makaranta. Wata rana wani zai dube ta ya ce ta koma garinsu. Ina so ta sami wuri ɗaya a ƙasar nan da za ta nuna da yatsa ta ce a nan aka binne cibiyata."

Na ce, "A gidan haya?"

Sai ya sunkuya yana gyara dutse. Na ce makarantar me kuma, ba shekara biyu ka ce ba? Nan ma dutsen ya ci gaba da gyarawa. Na ɗauko cokalin miya zan tona, ya riƙe hannuna, abin da bai taɓa yi ba. Wai saiwa ta riga ta kama, in aka taɓa za ta mutu. Na ce ta mutu mana, uwar wa ta haifa?

Kin san abin da ya fi ƙona mini rai? Gefen wurin nan ne ake ajiye garwar shara. Karen mutanen sama ma nan yake zagayawa. Cibiyar jikar Inna Habsatu, wadda aka zaɓa wa ɗiyar babbar macen bakin rijiya, tana kwance tsakanin shara da fitsarin kare, ƙarƙashin abin da ko akuya ba za ta ci ba. Wallahi ƙyamar bishiyar nan nake ji, in zan shanya kaya sai na juya mata baya.

Don Allah kada Inna ta ji. Sanyin bara ya kusa gamawa da ita, na bana in sha Allahu zai ƙarasa. Ranar da ta mutu zan tono gwangwanin in aiko. Ki ce mata ta ƙara haƙuri.

Turai

*

Dutse
Satumba, 1973

Turai,

Wasiƙarki ta zo, na karanta a makaranta, na kasa shiga aji. Muna lafiya.

Mamuda bai kyauta ba, kuma ki faɗa masa ni na ce. Ya mai da ni maƙaryaciya a gaban tsohuwar da ta goya ni. Na ce mata hukumar can ba ta barin a fita da irin wannan sai da izini, ana nan ana nema. Ta ce wace irin ƙasa ce da take riƙe cibiyar ɗan mutane? Na ce haka suke. Ta sa an ɗora dutse a kan faifan don iska.

Ban taɓa yi wa bishiya mugun fata ba, amma ga ni na fara.

Hasiya

*

Staten Island
Fabrairu, 1975

Yaya Hasiya,

Assalamu alaikum. Ki yafe mini dogon shiru, ba ni da labarin da zan ba ki ne sai wanda ba kya so. Muna lafiya. Umma surutu kamar aku, sai dai in na yi mata Hausa ta mayar mini da Turanci.

Bishiyar ba ta mutu ba. Sanyi biyu ke nan tun bayan wasiƙata, kuma ƙara ƙiba ma take yi.

Bara da aka yi ƙarancin mai a ƙasar nan, mai gidan ya rage mana wutar ɗumama ɗaki, muna kwana da safa da hula. Ɗan hitar lantarki guda da muke da shi, ina kika san ya tafi? Baban Umma ya ja waya ta tagar kicin ya kai mata. Na ce 'yarka na tari. Ya ce ai ita tana da uwa. Na fita da kaina na cizge wayar, muka yi sati ba ma magana.

Wannan duk mai sauƙi ne. Mista Rokko ya ce masa ba abin da take so kamar kashin doki. Akwai inda ake ajiye dawakin haya a can tsakiyar tsibirin. Mutumin da ke sa kwat da laktaye ya shiga jirgin ruwa ya tafi ofis a Manhattan, shi ne ranar Asabar yake hawa bas da buhun kashin doki a kafaɗa. Ran nan direba ya sauke shi a hanya, ya ƙaraso da ƙafa yana murmushi. Da ya tarar buhun ya daskare, sai ya shigo da shi banɗaki ya sa a bahon wanka ya narke. Bahon da nake yi wa Umma wanka! Ranar kuma matan ofishinsu suka zo mini yini, har da Hajara 'yar Nijar mai tsabtar tsiya. Ta shiga alwala ta fito tana toshe hanci da mayafi, ta ce, "Turai, doki kuka saya?" Na so ƙasa ta tsage in shige.

A Dutse wa ya taɓa yi wa dabino hidima haka? Ka dasa, ka ba shi ruwa, ka aurar da shi da garin furen namiji, ya ciyar da kai har jikoki. Wannan kuwa ci kawai take yi, ta ci bargo, ta ci wuta, ta ci kashi, ta tsaya tana kallon mutane.

Abin da ban so ba shi ne Umma ta shaƙu da ita. Uban ya ce mata tata ce. Da safe sai ta je taga ta gaishe da bokiti.

Ga hotonta nan na sa, wanda aka ɗauka da rani, ki nuna wa Inna ta ga yadda takwararta ta girma. Ya batun ramin?

Turai

*

Dutse
Afrilu, 1975

Ƙanwata Turai,

Gaisuwa mai yawa. Muna lafiya. Ki zauna kafin ki karanta.

Ke da kanki kika tona, ba ni ba. Kin duba hoton nan da kyau kafin ki sa a ambulan? Ni ma ban duba ba, fuskar Umma kawai na kalla, na ruga na kai wa Inna. Ta fito da shi haske, ta kai shi kusa da ido, ta daɗe. Ba yarinyar take kallo ba. Umma na tsaye ta dafa bishiyar, ga duwatsu a kewaye da gindin, reras, irin jerin gidansu.

Ta ce, "Hasiya, yaushe aka binne?"

Na fara kame-kame. Ta ce, "Bari. Ni na koya masa jera duwatsun nan." Turai, gara ta zage ni. Ba ta zage ni ba, ba ta zagi Mamuda ba. Ta shiga ɗaki, ba ta ci tuwon dare ba. Da safe ta kira Dikko ta ce ya mai da ƙasar ramin. Ta kwance jan zaren da hannunta. Matar Dikko, Rabi'atu, tana da tsohon ciki, ɗan dabinon na abin da za ta haifa ne yanzu.

Sannan ta ce in ɗauko takarda in rubuta miki, ke, ba shi ba. Ga maganarta yadda ta faɗa:

"Ki ce wa Turai na ji ba ta son bishiyar, na gani ma a hoton, don ba ta tsaya kusa ba. Ba ruwana da so. Bishiyar da ke kan cibiya ba a barinta ta mutu, ko ta ƙaya ce. Mamuda namiji ne, yau yana nan gobe aiki ya ɗauke shi. Amanar a wuyanta na sa. Kuma ta duba mini, mace ce ko namiji? Tana da miji a kusa? Kada su bar ta ita kaɗai kamar mayya."

Na ce mata Inna, wannan fa ba irin dabinonmu ba ne, ba a cin 'ya'yansa. Ta ce duk abin da aka dasa a kan cibiya dabino ne.

Ban ga alamar wasa a fuskarta ba. Ɗakinku dai har yanzu ana sharewa.

Hasiya

*

Staten Island
Maris, 1977

Yaya Hasiya,

Assalamu alaikum. Ina fatan kuna lafiya. 'Yan gajerun gaisuwar da nake aiko muku da salla ba wasiƙu ba ne, na sani. Tun saƙon Inna na rasa bakin magana. Yau dai akwai labari.

Baban Umma yana asibiti tun farkon Janairu. Santsin ƙanƙara ya kwashe shi a tashar jirgin ruwa, ƙashin cinya ya karye. Yana samun sauƙi, kada ku tayar da hankali. Mista Rokko kuma ya rasu bara, 'ya'yansa suka sare ɓauren suka zuba siminti. Sai ga wani sanyi da tsofaffin garin nan suka ce ba su taɓa gani ba, har ruwan da jirgi ke bi ya yi ƙanƙara. Ya rage daga ni sai bishiyar.

Inna ta san abin da ta yi da ta ce a wuyana. Da shi ne ya roƙe ni, wallahi da na rufe taga na sha shayina. Amma kullum na leƙa sai in ji muryar tsohuwa. Iska ta yaga buhun, ta yi gaba da bokitin har gidan maƙwabta. Na bi shi cikin ƙanƙara har gwiwa, da zane da takalmin Baban Umma. Ba sauran bargo a gidan, sai na buɗe akwati. Zannuwan lefena, Yaya, har da saƙin nan mai baƙi da fari da kakata ta ba ni, su na naɗa wa wannan mummunar aba, ina naɗawa ina tsine mata. Na ja waya ta tagar kicin, ni da na taɓa cizge ta, na kunna mata ƙwan lantarki a ciki. Yatsuna biyu har yanzu ba sa ji sosai.

Makon jiya da aka ɗan sami rana na buɗe in duba. Ganyen duk ya zama ruwan ƙasa. Na kama sabon tsiron da ke tsakiya, wanda shi ne ranta, na ɗan ja, sai ya zare a hannuna suɓul, gindinsa ya ruɓe ya yi yauƙi. Warin da ya fito daga ramin, ruɓaɓɓen ƙwai albarka. A wurin na yi amai. Umma na tsaye a bakin ƙofa tana ihu da Turanci wai na kashe mata bishiya. Na tsiyaye ruwan da tsumma a kan tsinke, na zuba maganin ciwo mai kumfa kamar yadda uban ya ce daga gadon asibiti, na mai da bokitin.

Amma ni na san gawa in na gan ta. Ki faɗa wa Inna na riƙe amana iyakar ƙarfina, Allah ne bai yi ba. Kuma ba zan ɓoye miki ba, wani sanyi na ji a raina. Da zarar ƙasa ta saki zan tono gwangwanin. Malam Zailani zai zo gida da damina. Ki roƙar mini ita ta sa a sake haƙa ramin, ko ɗan dabinon wace bishiya ne a samo. Cibiyar Umma za ta zo gida.

Turai

*

Dutse
Afrilu, 1977

Turai,

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Na san wayar Dikko ta same ku kan rasuwar Inna. Wasiƙarki ta iso bayan an yi sadakar bakwai, na karanta ni kaɗai a ɗakinta. Allah ya ji ƙanta, ya ba Mamuda lafiya da haƙuri. Ba ta sha wuya ba, zazzaɓi ne na 'yan kwanaki.

Ba ta san bishiyar ta lalace ba, kuma na gode Allah. Da sanyin nan da dabino ya yi fure, ta sa aka fito da ita tsakar gida a kan tabarma. Ta sa Dikko ya hau namijin nan na bayan masallaci, wanda duk unguwa ke ɗiba a wurinsa in za a aurar da dabino, ya yanko mata fure. Ita ta shanya shi a inuwa, ita ta ƙulle shi a gefen tsohon ɗankwalinta. Ta ce tunda kun ƙi ba ta amsa, ita ta san mace ce, don a kan cibiyar mace take. Ta ce in ta yi fure ki buɗe ƙullin ki karkaɗa mata, ki ɗaura sauran a jiki, kada a ce jikarta tana da bishiya ba aure. Ƙullin yana hannun wani ɗan kasuwa da zai zo wajenku, ya ce zai bar shi a ofishinsu Mamuda.

Maganar rami kuwa, Turai, wa zai haƙa, wa zai karɓa? Wurin yanzu dabinon ɗan Rabi'atu ne a kai, har ya yi ganye shida. Dikko ba zai hana ki wani gefen ba in kin aiko. Amma mai jiran ta tafi. Ki yi abin da kika ga ya fi.

Yayarki,
Hasiya

*

Staten Island
Yuni, 1977

Yaya Hasiya,

Assalamu alaikum. Ya ƙarin haƙuri? Allah ya sa Aljanna ce makomarta. Baban Umma ya dawo gida, yana takawa da sanda. Tun rasuwar ba ya doguwar magana.

Duk da wasiƙarki na yi niyyar tonowa. Na ce ko mai jira ta tafi, ƙasar tana nan. Da ƙasa ta saki na ari shebur, na fita, na ɗage bokitin don in tumɓuke gawar. Yaya, daga cikin ruɓaɓɓen ramin nan wani abu kore ne ya leƙo, a murɗe, a yamutse kamar hannun jariri. Na tsaya da shebur a hannu. Na ce mata, "Ke dai ba ki da kunya." Umma ta taho da gudu ta rungume ta, gashin da komai.

Ba ta tsaya nan ba. Shekara biyar ba ta taɓa yin fure ba, sai bana da ta tashi daga kabari. Wasu abubuwa a ƙunshe suka ɓullo ta gefen wuyanta, suka fashe, rawaya, cunkus kamar ƙwan kifi. A makon ne ƙullin Inna ya iso. Na shinshina ɗankwalin, ƙanshinta na nan, na zauna a kicin na yi kukan da ban yi ba ranar da waya ta zo. Sannan na wanke fuska na fita in cika mata umarni.

Kafin in kwance ƙullin na ɗan taɓa furen da yatsa. Gari ya tashi, ya bule mini hannu.

Ni 'yar Dutse ce, ba sai an faɗa mini ba. Na kira Baban Umma, ya dogaro sanda ya zo, ya karkaɗa, ya ga garin. Namiji ne, Yaya. Ƙato ne. Shi na yi wa hidima da zannuwan lefena, shi Inna ta tashi daga jinya ta haɗa wa kayan aure. Ba zai taɓa haifar komai ba, ko abin da ba a ci ɗin. Na buɗe baki in faɗa wa mutumin naki duk abin da na tara masa tun ranar suna, sai na ga ya kafe ɗankwalin da ido. Na fasa. Ya juya ya koma ciki.

Na rasa yadda zan yi da ƙullin. Ba a karkaɗa wa namiji, ba kuma zan zubar ba. Sai na ɗauko cokalin miyan nan, na ɗage dutse guda, na tona a hankali ina kauce wa saiwa. Ban yi nisa ba na ji ƙarfe. Gwangwanin na nan, ya yi tsatsa, saiwoyi sun naɗe shi ta ko'ina kamar yatsu, ko da wuƙa ba za ki raba su ba. Ban taɓa shi ba. Na kwantar da ɗankwalin Inna a gefensa yadda yake a ƙulle, na mai da ƙasa. Umma na tsugune tana tambayata da Turanci me nake binnewa. Na ce mata da Hausa kakarki ce ta zo. Ban sani ba ko ta gane, amma ita ta ɗauko dutsen ta mai da shi wurinsa, kuma daidai ta sa shi.

Ki ce wa Dikko a daina share ɗakin nan, ya zuba hatsinsa a ciki.

Namijin bishiyar nan kuwa, har yanzu ba na son ganinsa, kuma ba na jin zan taɓa so. Bokitin dai na wanke na kife a bayan ƙofa, Nuwamba ba nisa.

Ƙanwarki,
Turai